Rigar Fatar Baba

Zuwa ga ƙanwata Gerlind,

Ina gaishe ki da maigidanki da yara. Ya tarin Inna?

Ki tara dangi ki sanar da su an ƙara mini girma. A zauren cin abinci an matso da ni benci ɗaya kusa da murhu. Yanzu karnukan farauta ne kawai tsakanina da wuta.

Zauren fadar nan sai kallo, bango duk zane, tagogi manya-manya ba gilashi. Don baƙi su saki baki aka gina shi. Mai fadar da iyalinsa suna can ɗakinsu mai ɗumi, ni da ke koya wa 'ya'yansu karatu a zauren nake kwana. Na ce masa tawadata ta daskare, ya ce, "Malam Ortwin, mu takobi muka sani, shi ba ya daskarewa."

Lafiyata lau, yatsu biyu ne dai suka daina riƙe alƙalami.

Rigar fatar tumakin Baba da kika cusa mini a kaya, na ciro na bar ta a gida na ce ta makiyaya ce, ashe ke ce da gaskiya. Ki aiko da ita kafin Kirsimeti. Allah ya yi muku albarka.

Yayanki,
Ortwin