Wasan da ka yi ranar sunan takwaranka

Montreuil, ran 9 ga watan Maris

Zuwa ga yayana Alhaji Moutari, a Damagaram.

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Bayan gaisuwa da girmamawa irin ta ƙanwa ga wanta, ina fata ka sauka lafiya, ka kuma tarar da Hajiya Hamdiya da yara da jikoki cikin ƙoshin lafiya. Allah ya ƙara wa gwiwarka sauƙi, ya jiƙan iyayenmu, amin. Mu nan sanyi ya fara sakinmu, hawan jinina ma ya ɗan lafa, ko da yake ba kai ka taimaka masa ba. Na zaɓi takarda ne don a waya ba ka barina in kai ƙarshen zance. Sau uku ina kiranka, sau uku kana dariya kana cewa Balkisa kin zama Baturiya, kin manta wasa. To ga ta a hannun Saley da zai taho gida, takarda dai ba a katse ta.

Yau kwana ashirin da uku ke nan ɗana Ilya yana kwana shi kaɗai a ɗaki, gadon jariri a gefensa ba kowa ciki. Matarsa Ameena tana Lyon gidan mahaifinta da yaron, ta ce ba ta dawowa. Kai ka jawo wannan, Yaya, kuma tunda ka ce ba ka san laifin da ka yi ba, bari in tuna maka.

Tun daga filin jirgi Ilya ya ja kunnenka. Ya ce maka surukansa mutanen Habasha ne, amma ƙasar ba kabila ɗaya ba ce, harsunansu sun fi tamanin. Ya ce Malam Taha, uban Ameena, Oromo ne, uwarta Hawwa kuma mutuniyar Harar ce mai nata harshen daban, abokin Malam Taha da zai rako shi, Tesfaye, shi kuma Amhara ne, Kirista. Ya roƙe ka kada ka taɓa zancen kabila. Me ka ce masa? Ka ce kai da ka yi shekara talatin a duwan, wato kwastan, ka ji harshe biyar, ba yaron da aka haifa a Faransa zai koya maka zama da mutane ba.

Ranar suna mun kama zauren nan na kusa da tashar metro, mutanenmu na unguwar Goutte d'Or duk sun zo. Hawwa, baiwar Allah, ta shimfiɗa ciyawa a ƙasa, ta gasa gahawa a gabanmu, ta turara lubban, aka ce zagaye uku ake sha, kuma ba a tashi sai an gama. Ana kofi na farko ka miƙe da babbar rigarka. Ka ce Ilya ya fassara maka, yaron ya ji inda ka dosa ya sunkuyar da kai ya ƙi. Sai ka saki Faransancinka na duwan, da ƙarfi har na bakin ƙofa suka ji, ka nuna dattawan nan biyu da yatsa, ka ce tunda wannan Oromo ne wancan Amhara, su gaya maka wane ne bawan wane, don ka san wanda za ka ba kan rago. Ka kwashe da dariya, tsofaffinmu biyu suka taya ka. Wallahi ni ƙasa na so ta tsage in shige.

Na san abin da za ka ce, ka riga ka faɗa. Wasan taubasai ne, haka kake yi wa Fulanin kasuwar Dole, kai Babarbare ka ce musu bayinka ne, su ce kai ne bawan, a tafa a sha fura. Gaskiya ne, nima da shi na tashi. Amma wa ya gaya maka duk duniya Damagaram ce? Mu kakanninmu ne suka ƙulla wasan suka bar mana. Waɗannan mutane ba wanda ya ƙulla musu. Ka ga Malam Taha ya ajiye kofi. Ka ga Tesfaye ya ɗauki hularsa ya fita ba sallama. Kafin la'asar an nannaɗe jariri, sun nufi tashar jirgin ƙasa ta Gare de Lyon, mu muka zauna da naman rago da tukunyar gahawa da ta huce. Kai kuwa ka ci ka ƙoshi, har kana cewa baƙin nan ba su da fara'a.

Asabar da ta wuce na bi su. Awa biyu a jirgin ƙasa ina ta shirya abin da zan faɗa, da na isa ƙofarsu a unguwar Guillotière duk ya gudu. Malam Taha ya karɓe ni da mutunci, abin da ya fi zagi zafi. Ya ce min kakansa manomi ne da aka ƙwace gonarsa, ya ƙare rayuwarsa yana noma wa wani ita. Ya ce shi kansa yana yaro an yi masa bulala a makaranta don ya yi magana da harshen uwarsa, kuma kalmar nan da ka faɗa ba a bakinka ya fara jin ta ba. Sannan ya ce Tesfaye ma ba a bar shi ba: shekarun baya kaɗan aka kashe ƙanensa a wani ƙauye, ba don komai ba sai don shi Amhara ne. Su biyun sun yi shekara goma sha ɗaya suna aiki a gidan burodi ɗaya kafin ɗaya ya taka gidan ɗaya. Ya ce abotarsu ta tsaya ne a kan abin da ba sa faɗa, kai kuma ka zo ka faɗe shi a gaban mutum sittin. Tun ranar, Tesfaye bai ɗauki wayar Malam Taha ba.

Ameena ta fito da yaron ta ɗora min a cinya, amma ba ta zauna ba. Ta ce tana son Ilya, sai dai ba za ta rena ɗanta a dangin da ake kiran kakansa bawa ana dariya ba. Na buɗe baki in ce wasa ne, sai na ji kunyar kaina. Na durƙusa, ni da furfurata, na ba da haƙuri. Malam Taha ya ce in tashi, ba ni na yi ba, wanda ya faɗa a gaban jama'a shi zai janye a gaban jama'a.

To ga abin da nake so, kuma ba roƙo nake ba. Ran Lahadi ta ƙarshen watan nan zan tara a gidana waɗanda suka halarci suna, Malam Taha ya yarda zai zo, ya ce zai gwada jawo Tesfaye. Za mu kira ka ta bidiyo. Ka zauna, ka cire dariyar nan daga fuskarka, ka ba su haƙuri su biyun, kowa da sunansa. Kada ka kawo min tarihin Barebari da Fulani, kada ka ce in ransu ya ɓaci. Ransu ya ɓaci, kai ka ɓata shi. Hawwa ta koya min yadda ake neman gafara da harshen mijinta, dhiifama. Na rubuta maka da manyan baƙaƙe a bayan takardar nan. Ni mai shekara sittin da ɗaya na iya ta a zama ɗaya, mai harshe biyar ba zai gagara ba.

In kuwa girman kai ya hana ka, to ka sani. Nan ƙasar tun kafin kwana bakwai ake rubuta sunan jariri a meri, ofishin magajin gari, kuma Ilya da kansa ya je ya rubuta Moutari, don kai ka riƙe mu bayan rasuwar Baba. Ba ya goguwa. Amma wuni guda na yi a gidan nan na Lyon ban ji an furta shi ko sau ɗaya ba, wani suna suke kiransa da nasu harshen. Ni kaina da na yi niyyar in riƙa ce masa Yaya saboda kai, da aka ɗora min shi bakina ya ƙi.

Ka gaida Hajiya Hamdiya, ka ba ta ta karanta, na san ita za ta gane. Ka gaida Umar Faruk da Shamsiya da ƴaƴansu, da Inna ta Birni. Ilya bai ce in gaishe ka ba, ni kuma ba zan yi masa ƙarya ba.

Ƙanwarka da ke jiran ran Lahadi,
Balkisa