Allurar da Aka Sirka da Ruwa

Sabo, Ibadan
Talata, 9 ga Afrilu

Zuwa ga maigidana, sanyin idona,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai tarin yawa, ina fata kana lafiya. Yaya aiki, yaya zafin Aliero? Allah ya sa albasar bana ta yi albarka. Hajiyarku tana gaishe ka, Jannat kuma ta fara kama nono sosai. Na ba Aminullahi direba wannan takarda ne saboda a waya ba na iya magana. Ina kwance a ɗakin Hajiya, duk abin da na furta sai an ji, kai kuma da na ɗauko zancen sai ka ce a bar wa manya.

Ranar Alhamis ɗin da na haihu ba ka nan, don haka abin da yayarka, Yaya Talatu, ta gaya maka kaɗai ka sani. Ka san ni da littattafai. Na karanta haihuwa ta fi sau hamsin: matar ta yi nishi biyu, jariri ya tsala kuka, miji ya shigo da turare da hawaye. Har littafi na saka a jakar asibiti, wai zan ƙarasa shi kafin a sallame mu. Da hantsi yarinyar ta faɗo, ɗakin ya yi tsit. Na ɗaga kai na gan ta a hannun Sista Rukayya, ungozomar asibitin nan na bayan Mokola, jikinta laɓe-laɓe kamar jiƙaƙƙen tsumma, leɓunanta sun yi shuɗi.

Likita ba ya nan, ya fita. Sista ta goge ta, ta kifa mata wata roba a hanci da baki tana matsa mata iska. Ta sa abokiyar aikinta ta saurari zuciya, aka ce bugun bai kai sittin a minti ba. Suka shiga danna mata ƙirji da manyan yatsu biyu, suna ƙirga uku su ba ta iska ɗaya. Aka sake saurara, bugun bai tashi ba. Nan ne Sista ta miƙa robar ga ɗayar, ta fasa 'yar kwalbar allura, ta zuƙe ta, ta ƙara mata ruwan asibiti har sirinji ya cika. Daga ciki ta ɗebi ɗan kaɗan a wani siririn sirinji, ta zura wata 'yar roba ta cibiyar yarinyar ta tura, ta bi shi da ruwa. Bayan minti uku ta sake. Sai na ji wani ɗan sauti kamar na kyanwa. Sista ta juyo, gumi na ɗiga daga haɓarta, ta ce min da Yarbanci pele, iyawo, wato sannu amarya, 'yarki ta dawo.

Duk wannan Yaya Talatu tana leƙe ta labule. Abin da ta gani shi na gani, amma abin da ta kawo gida daban. Wai Bayarabiyar ta yi wa allura algus a gaban idonta, kashi ɗaya magani, kashi tara ruwa, kuma ko shi ma ba ta ba yarinyar duka ba. Wai ita mai sayar da zoɓo ce, ba wanda zai koya mata yadda ake ƙara ruwa a abu don ya yi auki. Kwana biyar da Jannat ta yi a babban asibitin da aka tura mu daga nan, da jijjigar da ta yi a daren farko, duk ta ɗora su a kan wannan. Ta ɗauki muryarta ta watsa a wayoyin matan unguwa. Kafin suna, baffanka Baba Dabo ya kwashi mutane sun je sun yi wa mai asibitin tsaye a ka, shi kuma don su bar masa ƙofa ya ce Sista ta zauna a gida.

Ni ban yi shiru a babban asibiti ba. Na tambayi likitar jarirai, wata mai haƙuri da ke jin Hausa, na rubuta amsarta a bangon littafina. Sunan allurar adirenalin, aikinta tayar da zuciya. Wadda ke cikin kwalbar ta fi ƙarfin jariri sau goma, dole sai an sirka ta, ɗaya da tara, daidai yadda Yaya ta ƙirga. Sannan da nauyi ake auna ta. Yarinya mai kilo uku irin tamu, abin da za a ba ta a lokaci ɗaya bai kai mil ɗaya ba na sirkakken. Ta cibiya ake bi don nan ne jijiyar jini ta fi sauƙin samu, maganin ya isa zuciya da wuri. Na ce to da an ɗura mata kwalbar yadda take fa? Likitar ta dube ni ta ce in gode wa Allah ba a yi ba.

Na karanta wa Hajiya wannan, ta ce mai jego ba ta gardama. Yaya Talatu ta yi dariya ta ce ga Likita Khairiyya, daga littafin soyayya an koma na asibiti, wai ko kunyar 'yar fari ba na ji. Wallahi raina ya ɓaci. Don Allah ka kira Baba Dabo ka ce ya janye. Kai ne uban yarinyar, kai zai saurara.

Ka gaida mutanen masaukinka. Ka riƙa shan ruwa.

Taka har kullum,
Khairiyya

Sabo, Ibadan
Juma'a, 19 ga Afrilu

Maigida,

Assalamu alaikum. Ina fata ka wuni lafiya, ciwon bayan kuma ya yi sauƙi. Mu ma lafiya, Jannat ta ƙara nauyi, har kumatu ta yi.

Na ji saƙonka. Na saurare shi sau uku, ko zan tarar da wani abu bayan abin da na ji da farko. Ka ce ka yarda da ni, amma ba za ka ƙaryata yayarka a gaban unguwa saboda baƙuwa ba, kuma aikin nas ba ya wuya, za ta samu wani. Shekara biyu ina gwada ka da mazan cikin littattafaina, kullum kai ke cinyewa. Wannan karon ban gwada ba, don na ji tsoron amsar.

Ba za ta samu wani ba. Shekaranjiya Rabi maƙwabciyarmu ta zo barka, ta ce ta ga Sista a kasuwar Shasha tana sayen tattasai, wasu matan Sabo suna nuna ta suna kiran ta mai ruwa. Ta ce matar ta sunkuyar da kai ta bar kayan ta tafi. 'Ya'yanta uku. Yanzu kuma Baba Dabo ya sa an rubuta ƙara da sunanka da nawa, za a kai hukumar da ke ba su takardar aiki. Da sunana! Ni da ko tambayata ba a yi ba, alhali ni ce a kan gadon, idona biyu. Abin da ya fi ƙona min rai, mata biyu masu ciki a layinmu sun ce sun fasa zuwa asibiti, a gida za su haihu. Idan nasu ya zo shiru irin tawa, wa zai tayar da shi?

Mai asibitin ya kira zama ranar Litinin da safe kafin takardar ta wuce. Na gaya wa Hajiya zan je. Ta ce a gidan nan mai jego ba ta taka waje kafin arba'in, in na fita in san inda zan koma. Na durƙusa na ba ta haƙuri, amma ban ce na fasa ba. Ba na son ɓacin ranta, ba na son naka, ka sani. Na rubuto ne don kada ka ji a bakin wani.

Allah ya dawo min da kai lafiya. Ranar Litinin ƙarfe tara zan goya Jannat in je in ce a cire sunana, kuma in faɗi abin da na gani.

Matarka,
Khairiyya