Dutsen Washin Kurma

Yaya,

Bayan gaisuwa mai yawa, da fatan kina lafiya, ke da yara da gwiwar nan taki mai rigima.

Ranar ashirin ga wata za mu buɗe sabon wurin aiki. Za a kafa allon ƙarfe a bakin ƙofa, ke kuma ke ce malamar makaranta a gidanmu, shi ya sa nake so ki tsara mini rubutun. Ga abin da zai fito. Na bar sakandare a aji uku, na shiga koyon kafinta da riga ɗaya. Cikin shekara biyu na wuce duk waɗanda na tarar. Na kafa rumfa, rumfa ta zama shago, na zo na sayi shagon maigidan da ya koya mini. Yau mutum arba'in da ɗaya ke cin abinci a ƙarƙashina. Kujerar da kika zauna a kai har kika yi ritaya ma ni na yi ta. Ba wanda ya ɗaga ni, ba uba, ba kawu. Mai Hannu da ake ce mini ba ni na raɗa wa kaina ba. Maigida ne ya ga yadda cizal ɗina ke shiga katako kamar sabulu, ya ce yaron nan hannu gare shi.

Ki sa duk wannan a layi huɗu. Kada ki cusa mini "da taimakon 'yan'uwa da abokan arziki", na san halinki.

Ki huta lafiya.
Ƙanenki, Mai Hannu

Auta,

Na amsa gaisuwa. Gwiwa tana nan, ta ce ita ma a sa ta a allon.

Layi huɗu ba zai ɗauki kanka ba, balle tarihinka. Amma kafin in rubuta, akwai maganar da na riƙe shekara talatin da biyar, yau zan sauke.

Ka tuna Kurma, tsohon nan mai share shagon maigidanka? Lokacin da na fara koyarwa, ta bayan shagon nake bi ƙarfe shida da rabi, kafin ku iso. Kullum sai in gan shi tsugune da kwanon ruwa da dutse, yana wasa ƙarafa. Ku goma sha ɗaya ne masu koyo, amma akwatinka kaɗai yake buɗewa. Ya gama, ya goge su da gefen rigarsa, ya jera yadda ka bar su.

Na taɓa tambayarsa dalili da hannu. Ya nuna mini yadda sauran ke jifar bayansa da guntun katako in za su aike shi. Sai ya nuna kai: ka zagayo gabansa, ka tsaya ya ga bakinka, sannan ka yi magana. Shi ke nan dalilin. Ya ɗora yatsa a leɓe, na yi shiru.

Ya rasu wata huɗu da suka wuce. Da na je duba shi a ƙarshe, ya miƙo mini dutsen, ya ɗaga tafinsa ya buga da yatsa biyu, wato kai. Ga shi nan cikin ƙullin da ke tare da takardar nan.

Allah Ya kai mu ashirin ga wata lafiya.
Yayarka

Yaya,

Ina gaisuwa.

Da na karanta takardarki na yi fushi, ba zan ɓoye ba. Na ce tsufa ya fara taɓa ki. Na cusa ƙullin a ƙarƙashin tebur, na yi kwana uku ban buɗe ba.

Amma abu ɗaya ya hana ni sakat. Satin farko da na kafa rumfata, ƙarafana suka dakushe cikin kwana uku. Na je na yi wa mai sayar da su tas a gaban jama'a, na ce ƙarfen banza ya sayar mini. Na canja, suka sake dakushewa. Daga baya na sayi injin washi na huta. Yaya, ni da ake kira Mai Hannu, ban taɓa wasa cizal da hannuna ya yi kaifin da na sani a shagon maigida ba. Ban kuma taɓa tambayar kaina dalili ba.

Akwai wadda ba ki sani ba. Da na sayi shagon na zuba injina, na ce wa shugaban ma'aikata ya sallami Kurma, tunda ba ya jin ƙara, kada zarto ya cire masa hannu. Haka na faɗa, kuma har yau ina ganin dalili ne. Sai tsohon ya shigo ofis ya tsaya a gabana da tsintsiyarsa, ya zuba wa bakina ido yana jira. Ni kuwa na juya kujera na fuskanci taga, na ci gaba da magana a waya. Da na juyo ya tafi. Tsintsiyar ya jingine ta a bango da kyau.

Jiya na buɗe ƙullin. Tsakiyar dutsen ya lotsa kamar cokali. Na sa babban yatsa a ramin, ban san lokacin da na cire ba.

Yanzu in ƙarfe ɗaya ta yi, aka kashe injina, ma'aikata suka fita cin abinci, sai in riƙa jin sa. Shiit, shiit, daga bayan shago, ya ɗan tsaya kamar mai tsoma hannu a ruwa, ya ci gaba. Sau biyu ina zagayawa. Ba kowa sai tarin katako. Na tambayi maigadi ko yana jin wani abu, ya ce, "Ranka ya daɗe, in ba cikina ba, ba abin da ke ƙara." Ma'aikata sun fara cewa oga ya koma magana da bango.

Mai rubutun allo yana jirana. Ki aiko mini da sunan tsohon, cikakke, da na mahaifinsa.

Ki gaida yara.
Ƙanenki

Auta,

Gaisuwa, da fatan ka ɗan samu natsuwa.

Ban san sunansa ba. Da takardarka ta zo na ɗauki gwiwata na je gidan da ya yi haya. Matar gidan ta ce shekara ashirin da biyu Kurma take ce masa. Maƙwabta ma haka. Waɗanda suka kai shi makwanci sun ce da Kurma suka yi masa addu'a. Maigidanka ya daɗe da rasuwa, ɗansa ya ce ko mahaifinsu bai sani ba, don tsohon ba ya rubutu, kuma ba wanda ya zo da shi.

Shekara talatin da biyar ina gaishe shi, ban nema ba. Ni ma da nawa.

Layi huɗun fa, in rubuta?

Allah Ya jiƙan sa.
Yayarka

Yaya,

Na gaishe ki. Ki bar layi huɗun.

Na je wurin mai allo da kaina. Na ce ya bar saman allon fili, faɗin tafin hannu, kada ya rubuta komai. Ya ce mutane za su ɗauka mantuwa ya yi, su ɓata masa sana'a. Na ce duk wanda ya tambaya a turo shi ofis, zan zagayo gabansa in gaya masa. Dutsen za a kafe shi a bango ƙarƙashin allon.

Har yau ina jin ƙarar. Na daina zagayawa, zama nake in saurara har a tayar da injina.

A ƙasan filin nan za a sa sunana, na yanka, ba Mai Hannu ba, da manyan baƙaƙe yadda za a karanta daga titi. A gabansa a rubuta: wanda ya juya masa baya. Mai allo ya ce in sake tunani. Ki zo ranar ashirin ki duba mini ko ya rubuta daidai, kada ya rage harafi ko ɗaya.

Ki huta lafiya.
Ƙanenki