Hoton da Ake Naɗe Gyaɗa da Shi

Litinin, 3 ga Maris
An gurfanar da direban da ake zargi da banke ɗan Baba Tela ya gudu. Alƙali ya ja mana kunne, mu 'yan jarida: kada a buga hotonsa sai shaida ta nuna shi da kanta a kotu. Shaidar ɗaya ce tal, mai sayar da gyaɗa a bakin titin, ita kaɗai ta ga fuskarsa.
A ƙofar kotu Baba ya riƙe min hannu. "Ɗana, kai ne idonmu. Kar ka bari a binne maganar nan." Mutumin da ya ɗinka min kayan makaranta tun ina aji ɗaya.

Alhamis, 6 ga Maris
Ina da hoton, na ɗauka lokacin da ake sauko da shi daga mota. Edita ya ce, "Umarnin alƙali fa?" Na ce ai gudun kada shaida ta gani ne, ita kuwa ko harafi ba ta sani ba, ina ita ina jarida? Ya yi dariya, ya ce shafin farko. Kanun ma ni na rubuta: GA WANDA YA KASHE ƊAN TELA. Ban sa "ake zargi" ba, wai babu wuri.

Juma'a, 7 ga Maris
Sai yabona ake yi. Baba ya manna shafin a bango, saman keken ɗinkinsa. Na ji daɗi, ba zan ɓoye ba.

Talata, 18 ga Maris
Yau na ji kamar ƙasa ta tsage in shige.
Mai gyaɗa ta nuna direban ba gargada. Lauyansa ya miƙe a hankali. "Mama, tun ranar hatsarin kin sake ganin fuskar nan?" Ta ce, "Kullum ma. Da ita nake naɗe gyaɗa." Har ta ciro guda daga jakarta, duk maiƙo, ga sunana a ƙasa.
Kwantan jaridarmu masu ƙananan sana'a ake sayar wa. Ni da nake tsallake tulin a bakin ofis kowace safiya!
Lauyan ya ce fuskar titi take tunawa ko ta takarda? Ta ce, "Tsakani da Allah, yanzu sun haɗe min." Baiwar Allah ba ta iya ƙarya ba.
Ban waiwaya inda Baba yake ba.

Laraba, 19 ga Maris
Ban fita ba, na ce kaina ke ciwo. Matata ta ajiye min magani ta ce, "Na kunya dai ba a sayarwa a kanti."

Litinin, 24 ga Maris
Sammaci ya iso: raina kotu. Edita ya ce, "Kai fa ka ce ba ta karatu." Ni ɗin ne kuwa.

Laraba, 2 ga Afrilu
A akwatin da direban yake tsayawa aka tsayar da ni. Alƙali bai ɗaga murya ba, sa ni ya yi na karanta kanun da bakina. Ya ce, "To tunda ka yanke hukunci, ni me ya rage min?" Abokan aikina suna baya suna rubutawa. Hukuncina: biyan tara, da neman gafara a shafin farko.
Wannan mai sauƙi ne. Da rana ya jingine shaidar mai gyaɗa, ya sallami direban. Ko shi ne, ko ba shi ba ne, yanzu ba mai sani. In ba shi ba ne, na ɓata masa suna. In shi ne...

Asabar, 5 ga Afrilu
Na je shagon Baba. An cire shafin, sai tabon gam a bango. Na durƙusa, maganar da na shirya duk ta gudu. Baba bai tsayar da keken ba. "Ni na ce ka rubuta, ɗana. Tashi, kar ka ɓata wandonka."
Wallahi gara ya zage ni.

Alhamis, 10 ga Afrilu
Ba wani labari. Mai hoto ya kawo na wata ma'aikaciyar jinya da za a fara shari'arta gobe. Edita ya ce shafin farko. Na ce ya yi duhu, ba zai fito ba, na jefa shi a aljihun tebur.
Hoton bai yi duhu ba.