A Buga Ganga Mu Daina Sauka Daga Jaki

Zuwa ga Mai Girma Magajin Garinmu,

Assalamu alaikum. Ina gaisuwa, ranka ya daɗe, kai da iyali da 'yan majalisarka.

Tun zaɓen farko bayan sojoji sun koma bariki nake jin wata jita-jita, wai an soke dokar sauka a gaban buro, wato ofishin hukuma. Ban yarda ba. Duk lokacin da na fara shirin yarda, sai rediyo ya wayi gari da kiɗan soja, in gode wa Allah da ban yi gaggawa ba.

Kana yaro lokacin, bari in tuna maka.

Na ɗaya. Zamanin soja aka zagaya da ganga, aka ce mai wucewa gaban tutar buro ya sauko daga abin hawansa ya taka da ƙafa. Wata rana na manta, na wuce bisa jakina. Wani soja ya sa ni tsallen kwaɗo daga tuta har rijiya, jakin yana kallo. Har jakin ya mutu bai ƙara ganin girmana ba.

Na biyu. Tun ranar ban sake wucewa a zaune ba. Jakuna uku na yi bayansa, kowanne da kansa yake tsayawa a wurin.

Na uku, shi ne kukan. Gwiwoyina sun ƙi. Sauka ina iyawa, hawa kuwa sai an ɗaga ni. Kasuwar da ta wuce ban samu mai ɗagawa ba, na isa har an watse, na komo da wakena. Jikokina 'yan lakol, masu karatun boko, suna dariya, wai dimokuraɗiyya ta zo. Na sani, har kai na jefa wa ƙuri'a. Amma da ganga aka hana mu, kuma ba a buga wata ba.

Roƙona, ka sa mai shela ya zagaya ranar kasuwa ya faɗa da ƙarfi, don ba ni kaɗai ke sauka ba. In kuma dokar tana nan, a kafa mana kututture gaba da tuta mu riƙa takawa muna hawa.

Allah ya sa ka gama wa'adinka lafiya, ya raba ka da kiɗan nan na rediyo. Wassalam.

Naka, Mati manomi, daga wajen Gazawa.

Ƙari: in za ka tambayi wanda ya gaya mini na ƙarshe cewa an soke dokar, Kofur Labo ne mai ritaya, wanda ya sa ni tsallen. Ya faɗa mini muna tafe gaban tuta, ina jan jakina, yana tura kekensa.