Hannun Goggo Matal

Yaya Tinik,

Gaisuwa mai yawa. Ya garin Jobel, ya kasuwa? Na iso ƙauye na tarar idon Goggo Matal ya kusa tafiya, kuma ita kaɗai ta rage da ta san saƙar rigar da ake sa wa mutum-mutumin waliyyiyar cocinmu. Bana ce saƙarta ta ƙarshe. Ina so in ɗauki aikin a hoto, zare bayan zare, amma dattawa sun hana kyamara tun da wani baƙo ya sayar da fuskokinsu a katin gaisuwa. Na rubuta musu takarda shafi uku da hatimin jami'a. Shiru.

Ƙanwarki, Katal

Katal,

Muna lafiya, sai sanyi. Takardarki ta yi amfani, an ce da ita Tsoho Antun, shugaban dattawa, ya kunna turare. Ke da karatunki, wa ya taɓa roƙon dattijo da takarda? Cire wandon nan ki ɗaura baƙin zanen ulu. Ki kai kwalbar giyar posh, ki durƙusa, ki ajiye a ƙafarsa. In ya sha, ya yarda. In bai taɓa ba, ki koma gobe.

Yayarki, Tinik

Yaya,

Ina gaisuwa da gwiwoyi biyu, duk sun kumbura. Kwana uku ina durƙuso yana yi wa kwalbar kallon kare. A na huɗu ya tambaya ko 'yar wa ce ni, shi da ya riƙe ni ranar baftisma. Sannan ya ce, “Hannu da zare kawai. Ba fuska, ba waliyyiya, kuma hoton ba ya barin garin nan.”

Na tuna baje kolin hotunana da aka yi mini alkawari a babban birni. Na ce na yarda. Ya buɗe kwalbar.

Hoto ɗari biyu da sha ɗaya na ɗauka. Suna rataye a ɗakin masaƙa, 'yan mata tara na koyo da su. Goggo tana bin saƙarsu da yatsa tana zagi. Jiya ta shafa saƙar Losha, ƙaramarsu, har ƙarshe, ta rasa abin zagi, sai ta ce a ba ta ruwa.

Ba zan iya aiko miki ko ɗaya ba.

Katal

Katal,

To, sai in zo. Asabar ina tafe. Ki ce wa Goggo ta matsa mini wuri, ni ma ban taɓa koya ba.

Ki huta lafiya.

Tinik