Na Ɗauki Hoton Kawuna Yana Tsintar Dawa

Assalamu alaikum mai kula da wannan fili, da ku masu karatu. Barkanmu da haƙuri da wannan fari, Allah ya kawo mana damina mai albarka. Don Allah a sakaya sunana, kuma kafin ku zage ni ku bari in kai ƙarshe, don zagin da nake yi wa kaina ma ya ishe ni.

Ni mai ɗaukar hoto ne a ma'aikatar harkokin waje a nan Yamai. Ƙasarmu tana da jakada a wajen wata ƙungiyar ƙasashen Turai da suka haɗa kai a kan kasuwanci da siyasa. Bayan sojoji sun karɓi mulki, jakadan ya aiko cewa ya yi bayanin yunwar nan har bakinsa ya gaji, amma mutanen ba su motsa ba, sai a aika masa da hotuna su gani da idonsu. Kaftin ɗin da aka ɗora a kan buronmu, wato ofishinmu, ya kira ni da Mushe, wato malam a Faransanci, ya ce, "Ka shiga gari ka kawo mini yunwa a takarda, ba na son hoton shanu matattu, sun gaji da su."

To, a lokacin kawuna yana gidana a unguwar Yantala. Shi ya rene ni bayan rasuwar mahaifina, shi ya kai ni lakwal, makarantar bokon da ƴan'uwa ke cewa ɓata yaro ne. A ƙauyenmu wajen Maraɗi sarkin noma ne, mutumin da ya taɓa noma dami dubu ya tara gari ya rabar, maroƙa suna yi masa kirari. Fari ya share masa rumbuna, na matsa masa ya taho wurina. Amma kun san irin mutanen nan, ko tuwo aka ajiye masa sai ya ci loma kaɗan ya ture wa yara, ya ce ya ƙoshi. Kullum da safe sai ya sa babbar rigarsa ya ce za shi kasuwar Katako gaida mutanen garinmu, da la'asar ya dawo da ɗan ƙullin dawa ya miƙa wa matata, wai wani tsohon aboki ne ya ba shi. Ban taɓa tambaya ba. Ko kuwa dai ban so in sani ba ne?

Ranar da na fita neman hoton, na je Katako inda ake sauke buhunan dawa daga kamyo, sai na hango wani tsoho a ƙarƙashin motar, ya tuɓe riga ya naɗe ta a gefe don kada ta yi datti, daga shi sai wando, haƙarƙarinsa duk a waje, yana tattara ƙwayoyin da suka zube yana hure ƙasar a tafin hannu. Na gane shi nan take. Jama'a, me ɗan halak zai yi? Ba sai ya ruga ya ɗaga shi ya rufa masa asiri ba, ko kuma ya juya kamar bai gani ba? Ni ban yi ko ɗaya ba. Hasken ya yi kyau, wallahi abin da ya fara zuwa raina ke nan, hasken ya yi kyau. Na laɓe bayan tarin katako na jira har ya ɗago fuska, na ɗauka. Da yamma ya miƙa wa matata ƙullinsa, ta dafa, ni ma na sa hannu na ci.

Hoton ya tafi cikin jakar jakadanci. Aka ce jakada ya ajiye shi gaban taron ƙungiyar, aka amince da taimakon hatsi. Kaftin ya buga mini kafaɗa gaban kowa, aka ƙara mini girma, abokan aiki suna ta barka, ni kuwa ina murmushin yaƙe. Na riƙa rarrashin kaina cewa ai mutane da yawa za su ci albarkacin hoton nan. Gaskiya ne, za su ci. Amma wa ya tambayi mai fuskar?

Yanzu tsuntsun da ya ja ruwa shi ruwa ke duka. Jakada zai zo Yamai mako mai zuwa tare da wakilan ƙungiyar, kuma sun ce suna son ganin tsohon da ke cikin hoton. Sun buga shi babba, za a kafa a ɗakin taro. Kaftin ya ce, "Kai ka ɗauke shi, kai za ka nemo shi. Kuma kada ka sa masa kayan sallah, ya zo kamar yadda suka san shi." Na ce ƙila ya bar gari. Ya dube ni ya ce, "To, in ya bar gari kai ma ka shirya barin sa." Kun san zamanin da muke ciki, ba a yi wa mai kaki musu. Na yi tunanin in ce ya rasu, amma da wane baki zan kashe mutumin da ke kwana a zaurena?

Abin da ya sa na rubuto muku shi ne abin da ya faru yau da safe. Kawu ya ji a rediyo cewa baƙin da suka ba da hatsi za su zo, sai ya kira ni yana fara'a, rabon da in ga haka tun yana ƙauye. Ya ce, "Ɗana, tunda wurin aikinku za su sabka, ka roƙa mini manyanka su bar ni in yi musu godiya. Ni na san abin da mutum ke ji in ya buɗe rumbu. A wanke mini rigata, kada in ba ka kunya."

Na ce to, Kawu. Matata ma har ta jiƙa rigar. Ina jin kunya, ina jin tsoro, kuma ina ƙaunar tsohon nan. Me zan yi?